DARASIN NOMA: A Ina Ya Kamata A Dasa Lalle?

Gero da wake watanni kaɗan suke yi a gona. Manomin da ya shuka su a wurin da bai dace ba, asarar damina ɗaya ya yi, baɗi sai ya sake wuri. Lalle ba haka yake ba. Itace ne mai daɗewa. In ya kama, yakan shekara 12 har zuwa 25 ana yankansa yana sake tohowa. Saboda haka wanda ya dasa shi a mugun wuri ya ɗaura wa kansa wahalar shekaru, wanda kuwa ya dasa shi a wurin da ba nasa ba, wani ya yi wa aiki. Darasin wannan wata ya shafi abubuwan da za a duba kafin a haƙa ramin farko, musamman ga manoma da matan aure na ƙasar Jibiya da maƙwabtanta.

Amfanin Lalle Ga Mutanen Bakin Iyaka

Babu gidan Bahaushe da ba a san lalle ba. Da shi ake yi wa amarya ƙunshi, da shi mata ke adon salla da na suna, dattawa kuma suna rina gemu da shi. Furanninsa ƙanana ne masu ƙamshi, amma ganyen shi ne abin sayarwa. Ana shanya shi, a daka, a tankaɗe, a auna a kasuwa.

Jibiya tana kan hanyar da ta tashi daga Katsina, ta bi ta Magama, ta tsallaka zuwa Ɗan Isa da Maraɗi a Jamhuriyar Nijar. Al'adar biki ɗaya ce a ɓangarorin biyu, don haka masu sayen lalle suna nan ko ta ina. Sai dai ciniki a bakin iyaka ba shi da tabbas. An rufe iyakar daga watan Agusta na 2019 zuwa Afrilu na 2022. An sake rufe ta a Agusta na 2023, bayan juyin mulkin Nijar, ba a buɗe ba sai a Maris na 2024. A irin wannan lokaci mai tumatir ba ya iya jira, kayansa ruɓewa suke yi. Mai busasshen lalle kuwa yana iya ɗaure buhunsa a ɗaki na watanni, har hanya ta buɗe ko farashi ya yi kyau.

Kowace Shuka Da Mazauninta

A ƙasashen Turai akwai wani ɗan fure da Faransawa ke kira muge, Ingilishi kuma suna ce masa lilin kwari. Tsawonsa bai wuce santimita 15 zuwa 30 ba. Furanninsa farare ne, kamar 'yan ƙararrawa, da ƙamshi mai daɗi. A Faransa ana ba juna kyautarsa ranar 1 ga Mayu, kuma akasarin wanda ake sayarwa a kewayen birnin Nant ake noma shi. Mai son shuka shi yakan nemi gindin itatuwa, inda akwai inuwa da danshi da ruɓaɓɓen ganye. Ba ya yin fure sosai sai ya sha tsananin sanyin hunturun ƙasarsu. Kuma dukkan jikinsa guba ne, saboda haka akan nisanta shi daga yara da dabbobi. In aka kawo shi Jibiya aka dasa a fili, ranar bazara ba za ta bar shi ba.

Lalle kishiyarsa ne. Rana yake so, da zafi, da busasshiyar iska. Garin Sojat da ke jihar Rajastan ta ƙasar Indiya ya shahara a duniya da noman lalle, alhali ƙasa ce mai zafi da fari, kuma ruwan saman da suke samu bai fi na Jibiya ba. Abin lura a nan shi ne, manomin Nant da manomin Sojat tambayoyi iri ɗaya suke yi kafin su dasa: yaya rana take a wurin, yaya ƙasa, yaya ruwa, kuma me zai taɓa shukar? Amsar ce ta bambanta. Waɗannan tambayoyi su ne manomin Jibiya zai yi.

1. Rana Da Inuwa

Sinadarin da ke sa lalle ya kama hannu a cikin ganye yake, kuma ya fi yawa a lokacin da zafi ya kai digiri 35 zuwa 45. Lallen da ya tashi a inuwa yakan yi tsawo siriri, ganyensa jefi-jefi, in aka ƙunsa kuma ba ya yin ja sosai. Don haka a nemi wurin da rana ke duka tun hantsi har la'asar.

Kada a yanke hukunci da kallo ɗaya, domin inuwa tafiya take yi. A je wurin sau uku a yini, da hantsi, da tsakar rana, da la'asar, a sa tsinke a bakin inuwar kowane lokaci. Ban da wannan, inuwa tana sauyawa da watanni. A ƙasar Jibiya, daga ƙarshen Afrilu zuwa tsakiyar Agusta rana takan ɗan karkata arewa da tsaka. Sauran watannin shekara kuwa ta kudu take bi, inuwa ta faɗi arewa. A watan Disamba, katanga mai tsawon mita 2 takan jefa inuwar kusan mita ɗaya da rabi a gefenta na arewa, ko da tsakar rana. Wanda ya dasa lalle daf da katanga ta gefen arewa a damina zai ga rana tana samunsa, amma da hunturu ya shigo sai inuwa ta rufe shi. Gefen kudu ya fi.

A kula da manyan itatuwa. Mangwaro da darbejiya, wadda ake kira bedi a ƙasar Katsina, inuwarsu mai duhu ce. Itacen turare kuma yana shanye ruwan ƙasa. Saiwar itace takan wuce iyakar rassansa, saboda haka fita daga inuwa kawai bai isa ba, sai an ƙara 'yan taku. Gawo ne ya fita daban. Shi da damina yake zubar da ganye, ya bar rana ta sauka, ganyen da ya zubar kuma ya zama taki. Lallen da ya dogara ga ruwan sama yana iya maƙwabtaka da gawo.

2. Irin Ƙasa

Lalle ba shi da tsirfa wajen ƙasa. Yana rayuwa a jigawa, da wuri mai tsakuwa, har da laka. Amma rayuwa daban, ba da ganye mai yawa daban. Tun da ganyen ake kwashewa a kai kasuwa kowace shekara, shukar tana cin ƙarfin ƙasa, sai ana mayar mata da takin gargajiya. Ƙasar da ta fi dacewa ita ce mai zurfi, mai riƙe danshi, amma wadda ruwa ba ya kwanciya a kanta.

Akwai gwaji biyu da kowa zai iya yi ba tare da kashe ko kwabo ba. Na farko, a ɗebi ƙasar a jiƙa ta kaɗan, a dunƙula a hannu. In ta warwatse da an buɗe hannu, rairayi ya yi yawa. In ta yi santsi ta manne kamar yumɓun tukunya, laka ta yi yawa. In ta dunƙulu amma ta farfashe da an taɓa ta da yatsa, ita ake nema.

Na biyu, a haƙa rami mai zurfin gwiwa, a cika shi da ruwa, a bari ya tsotse, a sake cikawa. In ruwan ya ɓace nan da nan, wurin zai bukaci taki mai yawa da ban-ruwa akai-akai. In gari ya waye ruwan yana nan tsaye, wurin zai shaƙe saiwar ƙaramin dashe da damina. In ya tsotse cikin 'yan sa'o'i, wurin ya yi. Wajen haƙa ramin kuma za a gane ko akwai marmara a kusa. In dagi ya ci karo da ita tun ba a kai zurfin gwiwa ba, saiwa ba za ta sami hanya ba, kuma shukar za ta riga sauran yin yaushi da rani.

A guji fako, da wurin da farin gishiri ko kanwa ke fitowa a saman ƙasa, da kusa da shuri, domin gara tana cin dashe. A guji bakin ƙorama inda zaizaya ke ci, kada a yi renon shekara uku ambaliyar dare ɗaya ta tafi da shi.

3. Ruwa

Ruwan sama a wannan yanki daga Yuni zuwa Satumba yake, sauran watanni takwas rani ne. Babban lalle yana jure fari. Yakan zubar da ganye ya yi shiru, da ruwa ya sauka ya sake tohowa. Ƙaramin dashe ne ba ya jurewa. Raninsa na farko shi ne jarrabawarsa, kuma yawancin dashen da ke mutuwa a nan yake mutuwa. Haka kuma lallen da ake yi wa ban-ruwa ana yankansa sau da yawa a shekara fiye da wanda aka bar wa ruwan sama.

Mutanen Jibiya suna da madatsar ruwa a kan kogin Gada, wadda aka kammala a 1989, mai ɗaukar ruwa kubik mita miliyan 142, a ƙarƙashin Hukumar Raya Kogunan Sakkwato da Rima. Kogin kansa watanni huɗu kawai yake gudu a shekara, kafin ya shiga Nijar inda ake kiransa Gulbin Maraɗi. Samun fili kusa da ruwan madatsa alheri ne, amma akwai abin dubawa. Yawancin filayen aikin sai an tura musu ruwa da inji, kuma manomi ba shi ne mai buɗewa da rufewa ba. Shukar shekaru tana bukatar madogara ta biyu, kamar rijiya. Kada kuma a dasa itace a jikin magudanar ruwa, domin saiwa tana fasa ta. Mai fili a cikin aikin ya nemi izinin jami'an hukumar tukuna.

Wanda zai ɗauko ruwa da ka ko da baro ya yi lissafi tun yanzu. A ce mutum zai yi shingen lalle mai tsawon mita 30, yana barin rabin mita tsakanin dashe da dashe. Tushe 60 ke nan. A ce kowane tushe zai sha lita 2 a duk ban-ruwa. Lita 120 ke nan, wato jarka 6 mai cin lita 20. In rijiya tana nesa da mita 200, kuma jarka biyu ake ɗaukowa a sahu ɗaya, sahu uku za a yi, tafiyar mita 1,200 zuwa da dawowa. In nisan ya kai kilomita guda, tafiyar ta zama kilomita 6. A watan Nuwamba ana iya daurewa, amma a watan Afrilu wuya a ɗore. Gara tushe 20 kusa da rijiya da tushe 200 a inda ƙafa za ta gaji da zuwa.

4. Iska Da Sanyi

Iska biyu ce ke damun shuka a wannan ƙasa. Guguwar farkon damina daga gabas take tasowa, tana kwasar rairayi tana yanka ƙananan tsirrai ko ta binne su. Iskar hunturu kuwa daga arewa maso gabas take, tana busar da ganye da ƙasa. Saboda haka a zaɓi wurin da ke da kariya ta gabas da arewa, ko a kafa masa dangar kara. Danga mai 'yan ƙofofi ta fi katanga, domin tana rage ƙarfin iska ba tare da ta toshe rana ba. Tun daga shekarun 1980 manoman jihar Maraɗi suka koma barin kututturan sabara da kalgo da gawo su sake tohowa a gonaki, suna rage musu rassa su bar masu ƙarfi. Mai gona a jigawa yana iya yin haka ta gefen da iska ke fitowa.

Lalle ba ya son sanyi. In ma'auni ya sauka ƙasa da digiri 11 ba ya jin daɗi, ƙasa da digiri 5 kuwa yana kashe shi. Iska mai sanyi ta fi mai zafi nauyi, da dare takan gangara ta taru a kwari. Shi ya sa tsakiyar fadama ta fi tudu sanyi da asubahin hunturu. Wurin da ya fi kyau shi ne gefen fadama, inda tudu ya fara tashi. Ruwan ƙasa yana kusa, ambaliya ba ta kwanciya, sanyi kuma bai kai na kwari ba.

5. Dabbobi, Hanya Da Feshi

Awaki da tumaki suna cin ganyen lalle, musamman da rani in babu ɗanyen abu. Kowane dashe sai an killace shi har ya yi ƙarfi. Kada a dasa a kan burtali ko hanyar mashaya. Wanda ya toshe hanyar dabbobi ya jawo wa kansa ɓarna, ya kuma jawo wa gari rikici da makiyaya.

Bakin babban titi ma ba wurin lalle ba ne. Manyan motocin da ke zirga-zirga tsakanin Jibiya da Magama suna tayar da ƙura da hayaƙi, su sauka a kan ganye. Wannan ganye kuwa a jikin mutane za a ƙunsa shi. Haka nan a nisanci wurin da ake zubar da baƙin mai ko fetur, da makwararar shadda. In maƙwabcin gona yana feshin maganin ciyawa, a bar tazara, domin iska tana ɗaukar feshin, kuma irin wanda ke kashe ciyawa mai faɗin ganye yana ƙona lalle.

A duba nisan wurin daga gida. Matsalar tsaro da ta addabi ƙasar Jibiya a shekarun baya ta raba manoma da yawa da gonakinsu na daji. Shukar da ke bukatar ban-ruwa da tsaro daga dabbobi, kusa da gari ya kamata ta kasance, inda mace ko yaro zai iya zuwa ya dawo cikin kwanciyar hankali.

6. Wurin Na Wane Ne?

Wannan ita ce tambayar da aka fi mantawa, kuma ita ta fi kai mutane gaban alƙali. Hausawa sun ce kayan aro ba ya rufe katara. Gonar aro, ko ta haya, ko ta jingina, mai ita yana iya karɓar abinsa a daidai lokacin da lallen ya fara biyan wahala. Wani mai gonar kuma yakan ɗauki dashen itace a matsayin neman mallake masa wuri. Gonar gado da ba a raba ba ita ma haka take. In dole ne a dasa a irin waɗannan wurare, a yi yarjejeniya a rubuce, a faɗi yawan shekaru da wanda ke da ganyen, a gaban mai unguwa ko dagaci da shaidu biyu. A nan ne amfanin karatu da rubutu ke bayyana. Wanda ya iya karanta takarda ba a sa shi dangwala yatsa a kan abin da bai sani ba.

Lalle yana yin shinge mai kyau a kan iyakar gona. Amma kafin a haƙa, a kira maƙwabci a tabbatar da iyakar tare, sa'an nan a ja layin dashen ya shigo ciki da taku ɗaya. Matar da aka ba gayauna ita ma ta nemi a bayyana a gaban shaidu cewa lallen da ta dasa nata ne.

7. Lalle A Cikin Gida

Matan da ba sa fita gona suna iya renon tushe biyar ko goma a tsakar gida. A zaɓi wurin da rana ke daɗewa. Kusa da wurin alwala ya dace ƙwarai, domin ruwan mai tsabta ne kuma kullum yana zuba. Ruwan wanki mai sabulu da yawa kuwa yana ɓata ƙasa in ya daɗe. A bar aƙalla mita ɗaya tsakanin dashe da katangar ƙasa ko jikin ɗaki, kada ban-ruwa ya jiƙa tushen gini. In lalle ya tsufa, ƙarshen rassansa yakan zama ƙaya, don haka kada a sa shi a hanyar da yara ke gudu. A tanadi rumfa ko ɗaki mai shan iska a kusa, domin a inuwa ake shanya ganyen. Wanda aka shanya a rana yakan koɗe, masu saye kuwa kore shar suke nema.

Lokacin Zaɓe

Ba a fafe gora ranar tafiya. Wanda zai dasa a farkon damina ya fara duba wurin tun shekara guda kafin nan. A watan Agusta ya ga inda ruwa ke kwanciya. A Disamba ya ga inda inuwa ke faɗuwa. A Afrilu ya leƙa rijiya ya ga ko tana da ruwa. In yana shakka tsakanin wurare biyu, ya dasa tushe goma a kowanne, ya bar rani guda ya yi masa alƙalanci, sa'an nan ya faɗaɗa a inda suka fi kyau. Mai neman ƙarin bayani ya tuntuɓi malamin gona na yankinsa.

Tambayoyi Don Aji

1. Me ya sa kuskuren wuri ya fi yi wa mai lalle illa fiye da mai gero?
2. Wane gefen katanga ne inuwa ke rufewa da hunturu?
3. Yaya ake gwada ƙasa da rami da ruwa?
4. Me ya bambanta gawo da darbejiya wajen maƙwabtaka da lalle?
5. Shinge mai tsawon mita 45, ana barin rabin mita tsakanin dashe da dashe. Tushe nawa za a nema? In kowane tushe zai sha lita 2, jarka nawa mai cin lita 20 za a ɗebo?
6. Kowane ɗalibi ya zana taswirar gidansa ko gonarsa, ya nuna gabas da yamma, da rijiya, da manyan itatuwa, ya sa alama a inda ya ga ya dace da lalle, ya rubuta dalilinsa cikin layi uku, ya kawo wa malami ranar zama na gaba.